Da'ira, Alwatika da Murabba'i: Wace Ce Babba?

Jama'ar kwaleji, malamai da ɗalibai, ina roƙon ku ba ni aron kunnuwanku in sa baki cikin wata gardama wadda ta daɗe tana zagawa a ɗakunan kwana da gindin itatuwa. Gardamar kuwa ita ce ta alamun nan uku na wasan Koriya da a ke kira Squid Game, watau da'ira da alwatika da murabba'i. Ko wanda bai taɓa kallon wasan ba ya san su, gama sun hau rigunan yara da jakunkunan makaranta har nan Jalingo. Wasu sun ce murabba'i ne babba. Wasu sun ce a'a, alwatika ce, tun da ita ke riƙe da bindiga. Akwai ma masu cewa da'ira ce, wai don ita ce ta farko bisa katin gayyata. Ni dai a ganina wannan tambaya ba ta da wuya, mai wasan ya riga ya amsa ta da bakinsa. Tambayar da ta cancanci a raba dare a kanta ita ce, me alamar ta ke yi wa mutumin da ya sa ta? Duk mai shirin zama malami tilas ya san amsar wannan, domin rabon alamu rabin aikinsa ne.

Bari in fara da labarin a taƙaice saboda waɗanda ba su gani ba, sa'an nan in nemi gafarar waɗanda ba su ƙare kallo ba, don kuwa zan fasa ƙwai. Wani mutumin Koriya ta Kudu, Hwang Dong-hyuk, shi ya rubuta wasan, shi kuma ya shirya shi. Ya rubuta shi tun wajen 2009, sa'ad da bashi ya dame shi, ya yi shekara goma yana neman mai karɓa bai samu ba. Daga baya kamfanin Netflix ya karɓa, ya fito da kashi na farko ran 17 ga Satumba 2021, na biyu ran 26 ga Disamba 2024, na uku kuma na ƙarshe ran 27 ga Yuni 2025. A cikin labarin an tara mutum 456 waɗanda bashi ya yi wa katutu, aka kai su wani tsibiri, aka ce su yi wasannin yara guda shida. Wanda ya faɗi a harbe shi nan take. An yi wa ran kowane ɗayansu kuɗi, won miliyan 100, watau kuɗin ƙasarsu, saboda haka wanda ya rage shi kaɗai zai kwashi biliyan 45 da miliyan 600. A wasan farko kawai mutum 255 suka mutu. Sauran 201 suka jefa ƙuri'a, 101 suka ce a tsaya, 100 suka ce a ci gaba, aka sallame su. Ba a daɗe ba 187 suka komo da ƙafafunsu, domin sun tarad da bashi yana jiransu a ƙofar gida. Wannan ba abin da za a kunna wa yara ba ne, in faɗa tun da wuri.

To, daga ina alamun suka fito? Tushensu biyu ne. Na ɗaya, in an rubuta sunan wasan da baƙaƙen Koriya, akwai uku daga cikinsu masu kama da da'ira da alwatika da murabba'i. Na biyu, su ne zanen da yaran Koriya kan yi a ƙasa in za su yi wani wasa nasu na dā, yadda 'yan matanmu kan zana filin 'yar gala-gala. In an haɗa siffofin uku sai su ba da surar wata dabbar teku mai hannuwa da yawa, wadda daga gare ta wasan ya sami suna. Wasan kansa ya yi kama da langa, gama masu kai hari da ƙafa ɗaya su ke tsalle, masu tsaro suna ƙoƙarin tunkuɗe su waje. Kun ga ke nan asalin alamun zanen yara ne a kan rairayi, wanda ko akuya ta bi ta kai sai ya goge.

Waɗannan siffofi su aka ɗauko aka zana a kan takunkumin ma'aikatan tsibirin, masu riguna ruwan hoda. Mai da'ira lebura ne: shi ke raba abinci, shi ke share jini, shi ke sa gawa a akwati ya kai ta wuta. Mai alwatika soja ne, shi ke harbi. Mai murabba'i shi ke ba da umurni, shi ke karanta dokokin wasa, shi ke lura da kowa ta allon kyamara. Mai wasan ya ce daga gidan tururuwa ya ɗauko wannan tsari, inda kowace ke da aikinta ba ta ƙetare shi. Hanyar tunawa mai sauƙi ita ce ƙirga kusurwa: da'ira ba ta da ko ɗaya, alwatika uku, murabba'i huɗu. Bisa waɗannan akwai wani mai baƙin takunkumi wanda ke riƙon tsibirin, kamar wakili. Bisa shi kuma akwai attajirai masu takunkumin zinariya mai siffar dabbobi, su zaki da barewa, waɗanda kan zo su yi caca a kan 'yan wasa kamar masu kallon sukuwa. Masu cewa murabba'i ya fi 'yan'uwansa biyu sun yi gaskiya. Shi ke nan, wannan gardama ta ƙare.

Amma fa ku duba irin girman da murabba'in nan ya ke da shi. A fitowa ta uku, wani ɗan wasa da ya ga mutuwa ta zo ya ƙwace bindiga, ya tsare wani mai murabba'i, ya tilasta shi ya cire takunkumi. Ashe saurayi ne ɗanye shar, wanda bai wuce sa'ar ɗalibanmu na shekarar farko ba. Mai baƙin takunkumi ya iso, bai tambaye shi kome ba, ya harbe shi, domin dokarsu ita ce wanda aka ga fuskarsa ya mutu. Akwai kuma wani ɗan sanda, Jun-ho, wanda ya saci jiki ya shiga tsibirin neman wansa, yana sanye da da'irar lebura mai lamba 29. Shi ya tsinci murabba'in saurayin nan ya sa. Nan da nan masu bindigar da za su iya harbe shi jiya suka koma suna kauce masa a hanya. Mutumin bai sāke ba, bai ƙara ilmi ba, bai ƙara shekaru ba. Takunkumin a ke yi wa biyayya, kuma ko wa ya tsince shi nasa ne.

Sa'an nan ku duba inda ma'aikatan su ke kwana. Kowa da ɗan ɗakinsa kamar na kurkuku, da lamba a ƙofa, da kyamara a bisa kansa, ana ƙirga su safe da yamma. A kashi na biyu an nuna mana wata mai alwatika, No-ul, lamba 011, wadda ta gudo daga Koriya ta Arewa ta bar 'yarta a can, ba ta da wurin kwana sai cikin mota. Talaucin da ya kawo masu korayen riguna su mutu, shi ya kawo ta ta yi harbi. Shi kansa mai baƙin takunkumi tsohon ɗan wasa ne, ya ci gasar 2015. Watau tsanin nan duka, daga ƙasa har kusa da sama, a cikin keji ɗaya aka jingina shi.

Akwai wata doka tasu wadda na ke ganin ita ce mabuɗin al'amarin duka: ƙarami ba ya magana sai babba ya yi masa izini. Mai da'ira bakinsa a rufe, mai alwatika ya yi magana kaɗan, mai murabba'i ya faɗi abin da aka sa shi ya faɗa. Takunkumin attajirai kuwa iyakarsa hanci, an bar musu baki a sake su ci, su sha, su yi ba'a. Tun zamanin cutar korona a 2020 mu ke kiran abin rufe fuska takunkumi, kuma Hausa ba ta yi kuskure ba, gama asalin takunkumi abin da a ke ɗaura wa dabba ne a baki. A tsibirin nan gwargwadon darajarka, gwargwadon yadda aka kwance maka baki. Gwargwadon hawanka kuma, gwargwadon nisan hannunka da jini. Wanda ya ba da kuɗin kisan bai taɓa ɗaukar gawa ba.

Kada kuma wani ya ɗauka akwai wani asiri a cikin siffofin kansu, kamar yadda na ji masu cewa kusurwa huɗu tana nufin ƙarfi, da'ira tana nufin rauni. Wasa na biyu ya rushe wannan. An ce 'yan wasa su zaɓi ɗaya cikin huɗu, da'ira ko alwatika ko tauraro ko laima, ba a gaya musu dalili ba. Ashe alewar sukari ce siririya mai saurin karyewa, za a ba kowa allura ya fid da siffar da ya zaɓa cikin minti goma ba tare da ta tsage ba. A nan alwatika ce sarauniya, don layinta a miƙe ya ke, laima kuwa ajali ce. Sang-wu, mai lamba 218, ya gane wasan tun kafin a fara, ya zaɓi alwatika, ya ga abokinsa na ƙuruciya Gi-hun ya nufi laima, ya yi shiru. Haka kuma a kashi na biyu da aka riƙa ƙuri'a bayan kowane wasa, da'ira ta zama alamar masu son a ci gaba, giciye ya zama na masu son a tsaya, aka manna wa kowa tasa a ƙirji. Kafin kwana uku mutanen da suka ci abinci tare sun zama runduna biyu, suna kashe juna a makewayi. A makarantun Koriya malami da'ira ya kan zana a kan amsar da ta yi daidai. A nan kuwa yaro ya ga jar da'ira a takardarsa ya san sifiri ya ci. Alama ba ta zuwa da ma'anarta daga gida, mai iko ne ya ke cusa mata, kuma ya kan sāke ta ran da ya ga dama.

To, mu ma ai muna da alamun daraja, tun kafin a haifi kakan mai wasan nan. Tun da Sarkin Muri Muhammadu Nya ya kafa garin nan a 1893 mutanen Jalingo sun san bambancin rawani da rawani, sun san wa a ke busa wa kakaki, sun san jar riga da kore ta dogari. Turawan mulki da suka zo suka jera sarakuna hawa-hawa, da sanda mai daraja ta ɗaya da ta biyu da ta uku, har yau kuwa da wannan tsari a ke aiki. Ɗan sanda mai igiya biyu kofur ne, mai uku saje. Ba ni da ja da ko ɗaya daga cikin waɗannan, gama jama'a ba ta zama sai da shugaba, shugaba kuwa sai da abin da za a gane shi da shi. Bambancin da ke tsakaninsu da na tsibirin Koriya guda ne, amma babba ne. Ran da a ke naɗa mutum, a bainar jama'a a ke yi, a kira sunansa da na ubansa, ya tashi kowa ya gan shi. Rawanin yana cewa, ga wanda za ku tambaya in abu ya ɓaci. Takunkumin tsibiri kuwa cewa ya ke yi, ba wanda za ku tambaya.

Na san wani zai ce, ai sarki ma ya kan ja amawali ya rufe baki. Gaskiya ne, amma amawali bai taɓa ɓoye wa talaka sunan sarkinsa ba, maroƙa na gaba suna shelarsa tun daga ƙofar fada har filin idi. Dattawan garin nan suna tune da 1986, sa'ad da gwamnan soja na Jihar Gongola, Yohanna Madaki, ya tuɓe Sarkin Muri Umaru Abba Tukur, har shari'a ta kai Kotun Ƙoli ta Nijeriya. Ba ina nan don in ce wane ne da gaskiya ba. Abin da na ke so ku lura da shi, mai sanda da mai kaki duka an san su da sunayensu, kuma da sunayensu tarihi ya riƙe maganar. A tsibirin Squid Game wa za ka kai ƙara? Alwatika?

Hujja mafi ƙarfi da za a kawo mini ita ce wadda mai baƙin takunkumi ya kawo da kansa. Ya ce a tsibirinsa kowa daidai ya ke da kowa, ba ɗan wane, ba mai kuɗi, lamba kawai. Har ya kashe wani likita mai lamba 111 da ma'aikatan da ke tsegunta masa wasan gobe, wai sun ɓata adalci. Mu ma nan ba mu kan ce ɗalibi ya rubuta lambarsa a takardar jarrabawa ya bar sunansa ba? Lalle ɓoye suna ya kan zama adalci. Amma a tambaya, wa aka ɓoye, daga idon wa? Lambar jarrabawa tana ɓoye ƙarami daga son zuciyar babba. Takunkumi yana ɓoye babba daga kukan ƙarami. Mai gyaran takarda ba ya ganin sunan ɗalibi, amma shi tilas ya sa hannu a ƙarƙashin makin da ya bayar, a san inda za a same shi. Adalcin tsibirin kuwa mun ga iyakarsa a wasan gadar gilashi. Da aka sami wani tsohon ma'aikacin gilashi wanda ke iya bambanta mai ƙarfi da mai fashewa, sai aka kashe fitilu don kada attajirai su rasa abin kallo. Tsohon nan kuma mai lamba 001, wanda kowa ke tausayi, ashe shi ne mai gidan duka, yana wasa da mutanen da za a harbe alhali ya san shi ba mai harbinsa. Mafi iko a wurin bai sa da'ira ko murabba'i ba, ya sa rigar talakawa ya shige cikinsu.

Mu mutanen ƙasar nan ba sai an yi mana dogon bayani a kan mai bindiga da rufaffiyar fuska ba, matafiya sun san shi a kan hanya da dare. Ko cikin ma'aikatan gwamnati, ɗaya daga cikin koke-koken da suka kai ga rushe rundunar SARS a watan Oktoba 2020 shi ne yawonsu da bindiga ba kaki ba suna. Mutum in ya tabbata ba za a gane shi ba, ya kan aikata abin da ba zai iya yi ba a unguwarsu. Shi ya sa a ke ɗinka wa ɗan sanda sunansa a ƙirji, a ke kuma rubuta wa keke lamba a jiki.

Yanzu sai in juyo gare ku, ɗalibai, musamman masu shirin fita koyon koyarwa. Ran da kuka shiga aji, ku ne masu rabon alamu. Ku za ku naɗa monita, ku za ku ba wani yaro bajo da bulala ku ce ya tsare ƙofa, ku za ku ja jan biro, ku za ku rubuta na ɗaya da na ƙarshe a katin sakamako. Yaro ɗan shekara goma sha biyu da aka ba iko a kan 'yan'uwansa, aka kuma nuna masa ba wanda zai tambaye shi, ƙaramin mai alwatika kuka yi. Monitan da ke rubuta sunayen masu surutu a ɓoye ya miƙa, a yi duka ba a ji ta bakin kowa ba, takunkumi kuka sa masa. In kun naɗa shi, ku naɗa shi a gaban aji, ku faɗi aikinsa da iyakarsa, ku kuma faɗi inda wanda ya zalunta zai kai kuka. In kun ja giciye a kan amsa, ku rubuta dalili ko da kalma uku ce, ku yarda yaro ya zo ya tambaya. In akwai abin da alama ke nufi wanda zai cuci yaro in bai sani ba, kamar yadda a ke raba maki ko darussan da za su rufe masa wata hanya in ya bar su, ku gaya masa tun kafin ya zaɓa. Malamin da ya sani ya yi shiru, aikin Sang-wu ya yi. Kada kuma ku bar matsayin yaro a jarrabawa ya zama sunansa, gama na arba'in a wannan zango ba na arba'in ba ne har abada. Ko a wasan, mai lamba 456, na ƙarshe a jeri, shi ya ci gasar kashi na farko.

In kuwa an matsa mini lalle sai na jera alamun, to zan jera su da ma'aunin nauyin da kowace ta ɗora wa mai ita. Takunkumin zinariya shi ne na can ƙasa, gama ya fi kowa iko ya kuma fi kowa ɓuya. Baƙi na biye da shi, sa'an nan murabba'i, sa'an nan alwatika, sa'an nan da'ira, ko da ya ke ba wanda na wanke a cikinsu, kowa da ƙafarsa ya je. A sama zan sa lamba 199, ta Ali, leburan nan ɗan Pakistan, wanda a wasan farko ya cafko rigar mutumin da bai sani ba ya riƙe shi don kada ya faɗi, fuskarsa a buɗe, bindigogi suna kallonsa. Ku lura kuma, wuraren da wasan ya fi taɓa zuciya su ne inda 'yan wasa biyu suka bar kiran juna da lamba, wannan ya tambayi wancan sunansa.

Kowannenku wata rana za a ba shi wata alama, ko ta hedimasta, ko ta sufeto, ko rawani. Ina fata ya karɓe ta da sunansa a rubuce a ƙarƙashi, ƙofar ofishinsa kuma a buɗe ga mai ƙara. Wanda ya ke da wani ra'ayi dabam, filin mujallar nan na kowa ne, ya rubuto mu ji, amma ya sa sunansa.